Ɗan ƙanwata ya baro gida yana da shekara 17

Assalamu alaikum Malama, tare da fatan kina lafiya. Na rubuto ne a kan wani al'amari da ya hana ni barci tun makon jiya.

Ɗan ƙanwata, maraya mai shekara 17 da wata biyar, ya ƙwanƙwasa mini ƙofa da tsakar dare, ba ya riƙe da komai sai jakar makaranta da ya cusa riguna biyu da takardar haihuwarsa a ciki. Ganin takardar nan ya tabbatar mini ba fushin dare ɗaya ba ne, ya daɗe yana shiri. Ya ce ya gaji da dukan mijin mahaifiyarsa, ya ɗaga riga ya nuna mini shatin bulala a gadon bayansa. A daren na sanar da uwarsa inda yake, amma washegari mijin ya kira ni yana barazanar kai ni wurin 'yan sanda bisa zargin ɓoye yaro.

Na san Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan Haƙƙin Yara ta 1989 ta ɗauki wanda bai kai 18 ba a matsayin yaro, saboda haka alhakinsa yana wuyan mahaifiyarsa, ko da gemu ya fara tsiro masa. Sai dai ita wannan yarjejeniya ta ce a kare yaro daga cin zarafi ko a hannun masu riƙonsa ne, kuma a saurari ra'ayinsa gwargwadon shekarunsa da hankalinsa.

Malama, shin na yi laifi da na ba shi masauki, alhali ban ɓoye wa uwarsa ba? Mijin da ba shi ya haife shi ba, yana da hurumin shigar da ƙara? A wasu ƙasashe kotu kan 'yantar da matashi daga ikon iyaye idan yana iya ciyar da kansa, amma wannan ɗalibi ne, ba shi da ko sisi. Shin in fara zuwa wurin jami'an kula da walwalar yara, ko in nemi kotu ta ba ni riƙonsa na wata bakwai ɗin da suka rage?

Yaron ya rantse in aka mayar da shi da ƙarfi zai shiga duniya, ƙanwata kuma in na kira ta sai kuka, ba ta ce a dawo da shi ba, ba ta ce a bar shi ba. Ta ina zan fara?

Taki,
Wata mai neman mafita