Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Ministan Al'adu: Faya-fayan Fim Suna Tsami

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa, mu masu aikin adana faya-fayan fim da kaset ne, kuma magana ɗaya ta kawo mu: ɗakin sanyin da ka yi alkawari.

Duk wanda ya buɗe gwangwanin fim wari irin na ruwan kal ya bugi hancinsa, to faifan ya fara cin kansa. Haka fim ɗin asitet, wato wanda aka yi jikinsa da wata irin roba mai suna asitet, yake. Zafi da danshi suna sa shi fitar da asid, asid ɗin kuma ya ƙara hanzarta ruɓewar. Faifan ya motse, ya kanannaɗe, ramukan gefensa su daina shiga haƙoran na'ura, daga baya hoton ya ɓare. Tururin kuma ba ya tsayawa a gwangwani ɗaya, sai ya harbi na kusa. Ba shi da magani, jinkirta shi kawai ake yi da sanyi: digiri 2 zuwa 5, danshi kashi 30 zuwa 40 cikin ɗari, dare da rana. Na'urar sanyaya ofis da ake kashewa idan an tashi aiki ba za ta yi ba, domin hawa da saukar zafin shi ke tara raɓa a cikin gwangwani.

Fim ɗin naitiret, wato tsohon nau'in fim wanda aka daina yi a farkon shekarun 1950, ya fi haka haɗari. Idan ya kama wuta ruwa ba ya kashe shi. Shi ma yana jiran ɗakinsa na daban.

Kowace 27 ga Oktoba, ranar da UNESCO ta ware don kayan tarihi na sauti da hoto, muna jin jawabi mai daɗi. Madalla. Sai dai jawabi bai taɓa rage zafin ɗaki ko da digiri ɗaya ba. Don Allah, ranka ya daɗe, ko manyan firji aka fara sayowa aka zuba waɗanda suka fi jin jiki, an rage asara.

Kaset ɗin bidiyo irin na U-matic da Betacam nasu ciwon daban: ɗankon jikinsu yana shan danshi ya manne wa kan na'ura, sai an gasa su a wajen digiri 50 kafin a kwafe. Na'urorin ma ƙarewa suke. Tun 2016 aka daina ƙera na VHS.

Batun lasisi kuwa, wato samun kuɗin shiga ta hanyar sayar da izinin amfani da hotunan da muke adanawa, masu shirya fina-finan tarihi da daƙiƙa suke saye, su biya gwargwadon ƙasashen da za a nuna da tsawon shekarun izini. Amma ba wanda zai biya kan faifan da ba rajista, ba a san mai haƙƙin mallakarsa ba, balle wanda ya riga ya narke.

A sanar da ranar fara ginin ɗakin, a kuma nuna mana layinsa a kasafin kuɗi.

Naka,
Masu aikin adana fim da kaset