Jan hanci a garin sanyi

Mutumina,

Gaisuwa mai yawa. Tun da ka yi amarya ban ji ɗuriyarka ba, ko ta ƙwace wayar ne? Ka gaishe ta, ka gaida Hajiya.

Ranar Juma'a auta ta dawo daga makaranta da wani jan hanci kamar tumatir a fuska, wai kowa ya kai kuɗi don masu jin yunwa. Nan Ingila suna da ƙungiyar agaji da ake kira Comic Relief, ita ke shirya wannan ranar jan hanci, a tara kuɗi ta hanyar barkwanci. Lenny Henry, ɗan barkwanci, da marubuci Richard Curtis suka kafa ta a 1985 lokacin yunwar Habasha, daga wani sansanin 'yan gudun hijira a Sudan aka sanar da ita ranar Kirsimeti. Ranar jan hanci ta farko, a 1988, fam miliyan 15 suka tara.

Wallahi da farko raina bai so ba. Yunwa da dariya, ina haɗinsu? Ka tuna Inna in tana ba mu labarin yunwar 1984, wadda mutanen Maraɗi ke ce wa El-Buhari saboda an rufe iyaka, yadda mata ke tona gidan tururuwa neman ƙwayar hatsi? Ba ta taɓa ƙarasa labarin ba, sai ta ja mayafi ta share ido.

Duk da haka na zauna na kalli shirin nasu a BBC. Ana cikin ƙyaƙyata dariya sai a tsaya, a nuno asibiti a Afirka, a saka lambar waya. Mutane kuma suna bayarwa, har tsohuwar maƙwabciyarmu mai 'yan fansho kaɗan ta bayar. Kuɗin nan sun ciyar da bakuna, wannan ba na musu. Amma auta ta juyo ta ce, "Baba, haka garinmu yake?" Na rasa ta cewa. Na ɗauko mata hotunan hawan sallar Katsina, muka kalla har ta yi barci. Su ma 'yan Comic Relief ɗin sun sha suka kan irin hotunan da suke nunawa, a 2020 suka ce sun daina tura taurarinsu Afirka, 'yan ƙasa za su riƙa ɗaukar fim ɗin. Na ji daɗin wannan ƙwarai.

Af, da gaske ne mai shayin bakin tasha ya sayi Keke Napep biyu? Kuma nawa tiyar gero yanzu? In ta yi tsada ka faɗa mini gaskiya, zan turo wani abu ka kai ƙauye kafin damina. Kilishin da ka yi alkawari har yau shiru.

Naka har kullum.