Rahoton ayyukan kwamitin mata na bana

Assalamu alaikum 'yan uwa mambobi, iyayenmu da yayyenmu da ƙannenmu, barkanmu da ganin ƙarshen shekara lafiya. Ga abin da kwamitin mata ya yi bana.

Babban aikin da muka sa a gaba shi ne zaman karatun tarihi na wata-wata, wanda aka amince da shi a babban taron bara saboda yadda mata da yawa ke ganin harkar yuniyan ta maza ce, mu namu kawai a cire mana kuɗin wata mu zo mitin mu yi tafi mu koma gida. To mun faro ne daga Landan, 1888, inda mata kusan 1,400 na kamfanin ashana na Bryant & May suka ajiye aiki, da yawansu 'yan mata ne ƙanana, ga sinadarin da ake yin ashanar da shi yana cinye musu muƙamuƙi ga kuma tara, kin makara tara, kin yi magana da ta kusa da ke tara. Suka tsaya kai da fata har aka soke tarar, sannan suka kafa ƙungiyarsu. Ana cikin karanta wannan ne wata uwa tamu daga cikin masu shara ta buɗe jaka ta ciro takardar albashinta, duk ta naɗe ta yi laushi, ta ce a duba mata don ita ma wata da watanni ana yanke mata kuɗi ba ta san na mene ne ba. Wallahi kafin a tashi wasu ma sun ce haka. Daga nan muka tattara takardun muka kai wa hukumar gudanarwa, an ja an ja, yanzu dai an yarda ba za a ƙara taɓa albashin kowa ba sai an ba ta a rubuce da dalili. Kuɗin baya kam har yanzu muna bi.

Haka ya faru da muka zo kan Amurka. A 1909 Clara Lemlich ta miƙe a taro a birnin New York ta ce a tafi yajin aiki, masu ɗinki kusan 20,000 suka fito, sai kuma ga gobarar masana'antar Triangle ranar 25 ga Maris 1911 da ta ci rai 146, yawanci mata, an kulle ƙofa ba hanyar fita. Washegarin wannan zama muka zaga muka duba ƙofofin gaggawa na wurin aikinmu, muka tarar da ɗaya da kwaɗo an jibge kwalaye a bakinta. An buɗe, kuma muna leƙawa lokaci-lokaci.

Abin da ya fi ɗaga hankalin mutane shi ne jin cewa ƙungiyoyin ƙwadago da yawa a farko ba sa ma karɓar mata, wai za su karya farashin aiki, shi ya sa irin su Mary Macarthur suka kafa ƙungiyar mata zalla a Ingila a 1906. Kuma ko da ILO, wato hukumar ƙwadago ta duniya, ta fitar da yarjejeniya mai lamba 100 kan daidaiton albashin maza da mata tun 1951, sai da mata 187 masu ɗinka rigar kujerun mota a kamfanin Ford na Dagenham suka yi yajin aiki a 1968 kafin Birtaniya ta yi dokar a 1970. Ni dai abin da na gani a duk tarihin nan, babu inda aka kira mata aka ce ga haƙƙinku, su ne suka haɗa kai suka nema. 'Yan uwanmu maza da suka riƙa zuwa zaman, mun gode, kun yi halin girma.

Bikin ranar mata ta duniya na 8 ga Maris da na ranar ma'aikata na 1 ga Mayu duk mun fita, alhamdulillahi. An kuma dawo da mitin zuwa lokacin hutun rana don masu goyo da masu ɗauko yara, kuma kowa ya ga yadda zauren ke cika yanzu.

Inda ba mu yi nasara ba shi ne hutun haihuwa na ma'aikatan wucin gadi. Yarjejeniyar ILO mai lamba 183 ta shekarar 2000 ta ce aƙalla sati 14, amma mu a nan mace ta haihu ko ta dawo da ɗanyen jego ko ta tarar an ba wata gurbinta, abin nan yana ci mana tuwo a ƙwarya. Mun karanta yadda Ela Bhatt ta kafa ƙungiyar ƙwadago ta SEWA a Indiya a 1972 don matan da ba su da takardar ɗaukar aiki ma sam, don haka baɗi za mu fara yi wa 'yan wucin gadinmu rajista, wannan shi ne aiki na farko.

Sai zaɓe. TUC, wato haɗaɗɗiyar ƙungiyar ƙwadago ta Birtaniya, an kafa ta 1868 amma ba ta samu mace a kujerar babbar sakatariya ba sai 2013 da Frances O'Grady ta hau, mu ba za mu jira haka ba. Don Allah duk mai sha'awa ta karɓi fom, kuma kar a tsaya kan kujerar jami'ar walwala kaɗai, a nemi ciyaman da sakatare. Bayanin kuɗin shiga da fita yana wurin ma'aji, za ta karanto shi a babban taro sannan a saka a guruf ɗinmu na WhatsApp, mai tambaya ta zo da ita a rubuce.

Sakatariyar kwamitin mata