A dawo mana da wasannin bincike na da

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ka ba ni ɗan fili in yi kira ga masu gidajen talabijin na ƙasar nan, Ghana. Duk wanda ya tashi a unguwar Aboabo ko Asawase a Kumasi kafin tashoshi su yawaita ya san yadda tsakar gida ke cika idan wasan bincike ya zo: talabijin ɗaya a kan benci, yara a tabarma, mai koko ta bar tukunya a wuta. Wasan Inspector Bediako da Kojo Yankah ya ƙirƙira, Oscar Provencal ya fito a matsayin sufeton, shi ya riƙe mu a shekarun 1990.

Daɗin irin waɗannan wasanni shi ne ba sa gaggawa. Baƙo zai sauka a gari, ya kama ɗaki, akwatinsa kullum da kwaɗo, wasiƙa ta zo masa ya ƙi buɗewa a gaban jama'a. Shi ke nan, sai wani makon. Kafin nan an yi ta musu a wurin mai shayi, kuma sau da yawa wanda kowa ya zarga ba shi ba ne, asirin yana gidan mai mutuncin unguwa. Yanzu fina-finan Indiya da aka juya zuwa Tonanci, wato harshen Twi, sun cinye daren, kuka da kishi ba iyaka.

Gobarar 1989 ta cinye tsofaffin kaset masu yawa a ma'ajiyar GBC, gidan rediyo da talabijin na ƙasa, amma Bediako bayanta ya zo. A nemo shi a sake nunawa, in da hali da fassarar Hausa.

Su kuma matasanmu masu kyamara, me suke jira? Zango ya saba da saukar baƙi tun zamanin fataken goro, maigida ya ba ka masauki, ya tsaya maka, ya rufa maka asiri. A 1969 gwamnatin Firaminista Busia ta ba baƙi marasa takarda mako biyu su bar ƙasa. Wasu sun tafi, wasu sun sauya suna da garin haihuwa suka zauna, jikokinsu na nan cikinmu. Tsofaffin da suka ga abin da idonsu suna ƙarewa, a je a zauna da su tun yanzu a rubuta wasan.

Wassalam,
Mai karatunku daga Aboabo, Kumasi