Wasiƙa kan afil ɗin surukinku

Aminina,

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya kai da amarya. Shiru ya yi yawa, kuma laifinka ne, amma a bar wannan. Hajiya ce ta aiko a kira ni jiya kan maganar Auta da kuɗin ciyarwar da alƙali ya yanka wa mijin da ya sake ta, na ga gara in rubuto maka, don a waya ba ka barin mutum ya kai aya.

Gogan naku yana yawo yana cewa tunda ya ɗaukaka ƙara, magana tana sama, ba zai ba da ko sisi ba sai an gama. Wata huɗu ke nan. To ka faɗa wa Hajiya ta kwantar da hankalinta: shigar da afil ba ya tsayar da hukunci. Mai son a dakatar da zartarwa sai ya nema daban, a kira ɗaya ɓangaren, kotu ta amince. In babu wannan umarni a hannunsa, kuɗin da alƙali ya yanka masa suna nan a wuyansa, wata na bin wata.

Saboda haka kotun farko Auta za ta koma, wadda ta yi hukuncin. Ta je wurin rajistara da kwafin umarnin, da lissafin watanni a rubuce, ta nemi a zartar. Za a aika masa sammaci ya zo ya faɗi dalilinsa. In ya ce babu, shi zai kawo hujja, kuma mai shago biyu da sabon babur ba ya rantsuwar talauci cikin sauƙi. In ya yi taurin kai ana iya kama kayansa.

Inda nake so ka buɗe kunne, lissafin nan kashi biyu ne, kada ta cakuɗa. Nata na kanta, tunda saki ɗaya ne, ci da sutura da wurin kwana suna kansa har idda ta cika, tsarki uku, in da juna biyu kuwa sai ta sauka. Daga nan nata ya ƙare ko afil ya shekara, amma abin da ya taru a baya bashi ne muddin yana da hali a lokacin. Da hul'i ta yi, da wurin zama kawai za ta samu. Na yara kuma a wurin Malikawa yakan faɗi da wucewar lokaci, sai in alƙali ya riga ya yanka. Ka ga amfanin takardar nan da Hajiya ta naɗe a cikin kwalla tare da turaren wuta. A ciro ta a yi mata hoto uku.

Af, mai shayinmu ya ƙara aure, ya kuma ƙara kuɗin kofi a mako guda. Majalisa ta ce mu ke biyan lefen. Ya ce har yanzu yana binka na ƙwai biyu, in ka musa shi ma zai kai ka gaban alƙali.

Afil ɗin kansa, a duba ranar da ya shigar, kwana 30 ne wa'adi, in ya wuce sai da izinin kotu. Dabarar irinsu ita ce su ƙi biyan kuɗin buga kwafin shari'a, fayil ya kwanta. Auta ta riƙa leƙawa, in ya daɗe ta nemi a kori afil ɗin. In ya faɗi a Babbar Kotun Shari'a yana iya hayewa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a, inda alƙalai uku ke zama, sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ne ya ba su hurumin aure da riƙon yara. Lauya kuwa, ofishin Legal Aid mai ba da lauya kyauta da ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA suna taimaka wa mata marasa ƙarfi.

Kada ta karɓi kuɗi hannu da hannu ba shaida. Ya tura ta banki, ko ya ajiye a kotu a ba da rasit, don kwano biyu na shinkafa da uwarsa ta aiko za su zama buhu a gaban alƙali. In dattawa ko Hisbah suka yi sulhu, a rubuta a kai kotu ta tabbatar.

Rigar sanyin da ka yi mini alkawari tun bara fa? Hunturu ya kusa. Ka gaida amarya, ka kira Hajiya ranar Juma'a.

Naka,
Na bakin kotu