Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Shugabar Hukumar Netbol Ta Ingila Kan Makomar Team Bath

Ranki ya daɗe,

Gaisuwa mai yawa tare da fatan alheri. Dalilin wannan takarda shi ne kulob ɗin Team Bath na netbol, wasan jefa ƙwallo a zobe, wanda hukumarki ta England Netball ta bari a waje lokacin da ta sanar da jerin kulob takwas na babbar gasar ƙwararru ta Superleague da aka sabunta, a watan Mayun 2024. Ba muna neman a warware wancan hukunci ba ne, bakin alƙalami ya riga ya bushe. Abin da muke nema shi ne a rubuta hanyar dawowa, domin har gobe Ingila za ta buƙaci irin aikin da ake yi a Bath.

Kin fi mu sanin tarihin, amma masu karatu da yawa ba su sani ba. A ƙarshen shekarun 1990 Jami'ar Bath ta fara shirin horar da 'yan netbol na musamman, ƙarƙashin Lyn Gunson, tsohuwar kyaftin ɗin Niyu Zilan. Tsarin nata bai da wata rufa-rufa: yarinya ta zo ta yi karatun digiri, ta kuma riƙa atisaye kullum a cibiyar wasanni ta jami'ar, inda ɗakin ɗaga ƙarfe, masu gashin ƙashi da masu nazarin bidiyon wasa duk suke wuri guda. A zamanin da galibin 'yan wasan Ingila sai sun tashi daga aiki da yamma suke haɗuwa su yi atisaye, wannan ba ƙaramin bambanci ba ne. Kulob ɗin ya ci kofin Super Cup a 2004. Da aka kafa gasar Superleague a 2005, shi ya fara ɗaukar kofin a 2006, ya sake a 2007, sannan 2009 da 2010, duk a kan Mavericks a wasan ƙarshe. Na biyar ya zo a 2013, inda ya doke Celtic Dragons. Ranar da aka fitar da sunansa daga gasar, babu kulob ɗin da ya kai shi yawan kofuna.

Kofunan ma ba su ne babbar hujjarmu ba. Dubi mutanen da suka sa rigar nan mai shuɗi da ruwan zinare: Pamela Cookey, Rachel Dunn, Tamsin Greenway, Geva Mentor, Serena Guthrie, Stacey Francis, Eboni Usoro-Brown. Tawagar Ingila da ta doke Ostireliya da ci 52 da 51 a gasar Commonwealth ta 2018 tana ɗauke da Mentor da Guthrie da Eboni da Kadeen Corbin, dukansu sun bi ta Bath. Jess Thirlby, wadda hukumarki ta naɗa kociyar ƙasa a 2019, ta kuma kai Ingila wasan ƙarshe na kofin duniya a Cape Town a 2023, a Bath ta yi wasa, a Bath ta koyi horarwa.

Gaskiya ɗaya ce, ƙarshen kulob ɗin a babbar gasa bai yi daɗi ba. Bayan ya sha kashi a hannun Loughborough Lightning a wasan ƙarshe na 2021, manyan 'yan wasa sun watse, kakar 2023 da ta 2024 kuwa a can ƙasan teburi ya ƙare. Zauren wasansa na jami'a ne, ba ya ɗaukar irin dubban 'yan kallon da kuke hanƙoro. Mun kuma fahimci lissafinku: a rage kulob daga 10 zuwa 8, a rage 'yan wasan kowane kulob daga 12 zuwa 10, kuɗin albashi ya taru a hannun mutane kaɗan har ya isa a rayu da shi, a kai wasanni manyan filaye don a samu kuɗin tikiti da na talabijin. Wasan ƙarshe na 2025 da London Pulse ta ci a zauren O2 ya nuna cewa dabarar tana da ƙafa.

To amma a sake duba lissafin ta ɗaya gefen. Kulob 10 mai 'yan wasa 12 guraba 120 ke nan. Kulob 8 mai 'yan wasa 10 guraba 80. Kashi ɗaya cikin uku ya tafi, kuma a cikin 80 ɗin akwai baƙi daga ƙasashen waje. Netbol ba ta da sassauci a wannan fanni, saboda kowace daga cikin 'yan wasa bakwai tana da yankin da doka ta ƙayyade mata. Biyu kacal ke da izinin jefa ƙwallo a zobe, biyu kacal ke shiga da'irar don tare su. Mai tsaron zobe ɗaya ce ke farawa a kowane kulob, wato guraba takwas a duk gasar. Kociyar da ke da mutum uku kawai a benci, wadda kuma aikinta ke rataye da sakamakon ƙarshen mako, ba za ta ɗauki 'yar shekara 19 ta ba ta kwata biyu ta yi kurakuranta ba.

Kurakuran nan kuwa dole ne a yi su a gaban manya. Matashiyar mai tsaro tana koyon tazarar mita 0.9 da doka ta ce ta bari tsakaninta da mai riƙe da ƙwallo a atisaye har ta haddace. Ranar da ta haɗu da mai jefawa da ta fi ta tsawo da wayo, wadda ta iya tokare ta da kafaɗa ta buɗe wa kanta fili ƙarƙashin zobe, sai ta riƙa matsowa ba ta sani ba. Alƙaliya ta busa, a tsayar da ita gefe, a jefa ƙwallo tana kallo. 'Yar tsakiya ma haka. Daƙiƙa uku da doka ta ba ta ta saki ƙwallo suna da yawa a wasan matasa, amma a babbar gasa kafin ta ɗago kai an rufe hanya ta farko da ta biyu. Ga gajiyar kwata huɗu na minti 15, wadda ke sa sauka daga tsalle ta lalace, kuma a irin wannan saukar jijiyar gwiwa ke tsinkewa. Yanzu an ƙara jifa mai maki biyu daga nesa a minti biyar na ƙarshen kowace kwata, abin da ya canza yadda ake tsare da'ira gaba ɗaya. Gasar 'yan ƙasa da shekara 23 ta NXT Gen, inda Team Bath take yanzu, abu ne mai kyau, sai dai sa'a da sa'a ne ke karawa a cikinta. Abin da Bath ta shahara da shi shi ne ɗalibar shekarar farko ta tsare gogaggiyar 'yar wasan ƙasa a atisayen safe, sati bayan sati.

Akwai kuma batun jingina da manyan kulob na wasu wasanni. Ƙungiyar netbol ta Wasps, wadda ke jingine da kulob ɗin rugbi mai wannan suna, ta ci kofi a 2017 da 2018, amma da kamfanin da ke riƙe da kulob ɗin rugbi ya durƙushe a Oktoban 2022, da ɓangaren netbol ya tafi. A Ostireliya, Collingwood, babbar ƙungiyar ƙwallon ƙafa irin ta Ostireliya, ta janye ƙungiyarta ta netbol a 2023. Jami'a ba ta cika yin kuɗi da wasa ba, amma ba ta kan rufe ƙofa dare ɗaya. Loughborough ma ai kulob ɗin jami'a ce, kun kuma riƙe ta.

Yau duk kudu maso yammacin Ingila babu kulob a babbar gasa. Yarinyar da ke Devon ko Cornwall sai ta tsallaka kogin Severn zuwa Cardiff, ko ta nufi Landan ko Birmingham, kafin ta ga wasan ƙwararru ido da ido.

Tunda gasar ba ta da tsarin hawa da sauka, muna roƙon hukumarki ta wallafa sharuɗɗan shiga a fili: kujera nawa ake buƙata a zaure, wasa nawa za a buga a babban fili, jarin nawa za a nuna da na shekara nawa, da kuma shekarar da za a sake buɗe neman gurbi. Babu ɗan kasuwar da zai zuba kuɗi a Bath ko Bristol kan "wataƙila". Kafin lokacin, a ɗaura Team Bath da ɗaya daga cikin kulob takwas a rubuce, ta yadda fitattun 'yan wasanta uku ko huɗu za su riƙa atisaye da manya ba tare da sun bar karatunsu ba, a kuma biya kulob ɗin wani abu duk lokacin da aka ɗauke wadda ya raina. A kai wasan babbar gasa ko da guda ɗaya yankin a kowace kaka, wanda zai ba ku alƙaluman 'yan kallo na gaske maimakon hasashe.

Na ƙarshe ba ya cin kuɗi sosai. Takardun sakamako, jerin 'yan wasa da faifan bidiyon wasannin 2005 zuwa 2013 a tattara su daga jami'a da gidajen talabijin, a mayar da su kwamfuta, a ajiye inda kowa zai iya gani. Kofuna biyar na Team Bath da biyu na Surrey Storm, wadda ita ma aka bari a waje, su ci gaba da fitowa a jerin zakarun gasar a duk inda hukumar ta buga shi. Muna fatan samun amsa a rubuce kafin a rufe rajistar 'yan wasa ta kaka mai zuwa.

Allah ya ƙara girma.

Naki,
Wasu masu horarwa da alƙalancin wasan netbol