Gaisuwar Sallah daga Faransa, da amsar tambayar Auta

Assalamu alaikum Baba, Inna, da dukan mutanen gida. Barkanmu da shan ruwa, Allah ya karɓi ibadunmu, ya maimaita mana. Inna, na turo goron Sallah na yara, a raba musu bayan an sauko daga idi.

Auta, kin ce littafin Albert Camus da aka ba ku a makaranta, L'Étranger, ya ɗaure miki kai. A 1942 ya fito, kashi biyu ne, na farko babi shida, na biyu babi biyar. Ki karanta na farkon da biro a hannu, kina rubuta duk abin da Meursault, jarumin littafin, ya yi da mahaifiyarsa ta rasu a gidan tsofaffi na Marengo, kilomita 80 daga Aljiyas, babban birnin Aljeriya. Ya ce kada a buɗe masa akwatin gawa. Ya sha kofi da madara, ya kunna sigari a gefen mamaciya, ko ƙwalla bai yi ba. Washegarin jana'iza ya tafi iyo, ya haɗu da Marie, tsohuwar abokiyar aikinsa, suka wuce sinima. Duk waɗannan za su dawo a kotu daga bakin shaidu.

Laifinsa kisan kai ne. Ya harbi wani Balarabe a bakin teku, harsashi ɗaya, ya dakata, ya ƙara huɗu. Amma lauyan gwamnati ya fi ƙarfafa zancen jana'iza, har aka yanke masa hukuncin fille kai. Wanda aka kashe kuwa ko suna bai samu ba a littafin, a Aljeriyar da Faransa ke mulka, kuma wannan yana ci mini rai.

Inda ɗalibai ke tuntuɓe shi ne su ɗauki kalmar absurde ta falsafar Camus a matsayin hauka ko shirme. Nufin Camus, ɗan Adam yana neman dalilin rayuwa, duniya kuma ta yi masa shiru. Mu da muka yi imani da ƙaddara da hisabi ba mu yarda da wannan ba, amma a jarrabawa ki fara shimfiɗa abin da ya faɗa kafin ki yi masa raddi. Kalmar étranger kuma tana nufin baƙo, tana nufin bare. Meursault a garinsu yake, saboda haka ki riƙi ta biyun.

A gaishe da Kawu da Goggo. Baba, a ci gaba da sa mini albarka.

Ɗanku